Manaja Ba Ya Bin Layi

Tun da Manaja ya ajiye aiki a kamfanin sufuri, gidansa ya koma ofis. Babu sauran direbobin da zai daka wa tsawa, babu sakatariyar da zai danna wa ƙararrawa, sai ya juyo kan iyalinsa. Da safe yakan zauna a baranda cikin fararen kaya da suka sha guga, ƙafa ɗaya kan ɗaya, yana raba aiki. A share nan. A kira mai gyaran wuta. A bincika dalilin da ya sa shayin nan ya huce. Duk wannan aikin kuwa a kan mutum ɗaya yake sauka, wato matarsa Malama, wadda ita ma ta yi ritaya daga koyarwa, sai dai ita ba wanda ya lura ta huta.

Sunan Manaja ya biyo shi har gida. Maƙwabta haka suke kiransa, Malama ma haka. Auta ce kaɗai a gidan ke ce masa Baba, ita ce 'yarsu ta ƙarshe, tana aiki a wani shagon magani. Yayyenta duk sun yi aure sun watse, in sun bugo waya uwarsu suke nema, su ce a gaida Baba.

Maganar kare ta taso ne bayan an sace injin jan ruwa a gidan da ke kallon nasu, da rana tsaka. Mai gidan ya je ya sayo wani ɗan ƙaramin kare mai tsinin baki, wanda ke haushi ko leda ce iska ta kaɗa. Manaja ya leƙa ta kan katanga ya ga abin, ya taɓe baki.

"Wannan ai ƙararrawa ce mai gashi," ya ce wa Malama. "In za a yi abu, a yi na gaske. A nemo min babban kare, wanda ɓarawo zai gani ya tuba tun daga titi."

Aka nemo. Wata safiya wata tsohuwar mota ta tsaya a bakin get, wani siririn mutum mai sanyin murya ya fito, shi ne mai kiwon karnukan. Ya buɗe bayan motar, abin da ya sauko ya sa Malama ja da baya har ta take tukunyar fulawa. Irin karnukan nan ne da ake kira mastif. Kansa ya kai turmi, jikinsa launin ƙasa, fuskarsa baƙa ce mai ninki-ninki, leɓunansa suna rataye, yawu na tsiyaya daga kowane gefe. Ya taka cikin tsakar gidan a hankali, kamar mai duba gidan da zai kama haya, sannan ya zauna ya yi hamma.

Manaja ya jira karen ya yi haushi, bai yi ba.

"Ba ya magana ne?"

"Irin wannan ba ya ɓata bakinsa, yallaɓai," in ji mai karnukan. "Tsayawa kawai yake yi. In ya tsaya a gaban mutum, mutumin ne ke yin ihun."

Wannan ya yi wa Manaja daɗi. Nan take ya raɗa masa suna Kwamanda.

Mai karnukan ya ce akwai abu ɗaya da ya wajaba a yi kafin ya tafi. Duk mutanen gidan su jeru, ɗaya bayan ɗaya. Shi zai riƙe karen, ya dafa kafaɗar mutum, mutum ya miƙa bayan hannunsa karen ya sansana, sannan ya ba shi ɗan yankan nama a tafin hannu.

"Wanda ya sansana yau a hannuna, ɗan gida ne a wurinsa har abada. Wanda bai sansana ba baƙo ne. Haka na hore shi, shi ya sa yake da amfani."

Jin an ambaci layi, sai Manaja ya ji kamar an mayar da shi bakin aiki. Ya miƙe a baranda yana nuni da jarida. Malama gaba, Auta bayanta, sai mai wanki da ke zuwa gidan lokaci-lokaci. Ya ɗaga kai ya hango mai gyaran famfo a kan tsani yana fama da tankin ruwa.

"Kai ma sauko ka shiga. Famfon gidan nan kullum a lalace yake, kada wata rana a cinye ka a bar mu ba ruwa."

Aka yi komai cikin tsari. Malama ta miƙa hannu, karen ya sansana ya lashe naman har da gwiwar hannunta. Auta ta yi dariya ta shafa kansa. Mai famfo ya dawo daga gaisuwar yana yarfe yawu daga hannun rigarsa.

"Saura kai, yallaɓai," in ji mai karnukan.

Manaja ya dubi hannun rigar mai famfo, ya dubi nasa fari tas, sannan ya dubi inda layin ya ƙare, wato bayan mai wanki da mai famfo. Rabonsa da bin layi tun ranar da aka ba shi ofis mai labule. A banki akwai mai tsaya masa, a asibiti akwai mai tsaya masa, har a gidan mai ma, direba ne ke tsayawa. Yau kuma a cikin gidansa, a gaban matarsa, ya je ya tsaya a gabatar da shi ga kare?

"Ni ne na sa aka kawo shi," ya ce. "A ko'ina sabon ma'aikaci ne ke zuwa ya gaida manaja. Zai san ni."

"Yallaɓai, kare bai san..."

Manaja ya ɗaga tafin hannu, irin ɗagawar da yake rufe taro da ita. Mai karnukan ya haɗiye sauran maganarsa, ya yi wa Malama bayanin abinci da magani, ya ja motarsa ya tafi.

Washegari Manaja ya fita aski. Fita ba ta zama matsala ba, Kwamanda ya raka shi da ido har get, da alama ma ya ji daɗin tafiyar. Da ya dawo ya sa mukulli ya tura ƙaramar ƙofar, sai ya tarar babu ƙofa, kare ne ya cike gurbinta. Ya matsa dama, kan ya bi shi dama. Ya matsa hagu, kan ya bi shi hagu.

"Matsa."

Kwamanda bai matsa ba.

"Kai, ni ne fa. Manaja."

Wani sauti ya fito daga can cikin ƙirjin karen, ƙasa-ƙasa, kamar janareton maƙwabta. Manaja ya saki ƙofar. Ya ja da baya zuwa titi, ya waiga ko akwai mai kallo, sannan ya ƙwala wa Malama kira da muryar da ba ta yi kama da tasa ba.

Ta fito tana goge hannu da zani. Ta ce wa karen ya bari, bai bari ba. Ta ja shi da abin wuya, ko gezau. Sai da ta gaji ta kama hannun mijinta don ta janyo shi ta gefe, nan take Kwamanda ya kauce. Ashe haka dokar take: baƙo na iya shiga muddin ɗan gida na riƙe da shi. Haka suka ratsa tsakar gidan, Malama riƙe da damtsen Manaja, karen na biye da su yana sansanar duga-dugansa. Da ya zauna a baranda, karen ya kwanta nesa kaɗan ya zuba masa ido. Da ya shiga banɗaki, ya fito ya tarar da shi kwance a bakin ƙofa, kamar mai tsoron kada a tafi da sabulu.

"Zai saba," in ji Manaja. "Sabon ma'aikaci ne, yana nuna ƙwazo."

Kwamanda kuwa bai saba ba, gidan ne ya saba da shi. Kula da irin wannan halitta ba ƙaramin aiki ba ne. Safe da yamma Malama ke dafa masa shinkafa da nama a wata tukunya da a da sai an yi baƙi ake sauko da ita. In ya ci sai a bar shi ya kwanta, ba gudu ba wasa, domin mai karnukan ya ce cikin irinsu yakan murɗe. A kowace ƙofa an rataye tawul na goge yawu. Ninkin fuskarsa sai an bi da tsumma mai laushi an share, in ba haka ba ya yi wari ya yi ƙuraje. Kunnuwa a goge, farata a yanke, jiki a taje. Zafi ba ya masa daɗi, don haka yawo sai da sanyin safiya ko bayan rana ta yi sanyi, Auta riƙe da igiya, shi yana tafe a gefenta kamar ɗan maraƙi, masu babura suna sauya hanya. Maganin tsutsa ita ke cusa masa a cikin nama. Ranar wanka kuwa ita da Malama suke taruwa da bokitai, su jiƙe sharkaf, shi yana tsaye yana lumshe ido. In ya kwanta barci, munsharinsa har falo.

Manaja bai zauna haka nan ba, yana sa ido daga baranda.

"A goge masa baki, ga shi can yana zuba. A duba kunnen hagun nan. Wa ya bar kashi a gefen mota? A kwashe."

Matsalar get kuma ta zama tsarin gida. Manaja ya daina ɓata lokacinsa da mukulli. In ya dawo sai ya ƙwanƙwasa, ya yi gyaran murya, ya jira. Wani lokaci Malama ce ke fitowa, ta kama damtsensa, ta dube shi sama da ƙasa.

"Mai askin nan ya ci maka gefe ɗaya. Ka daina barci a kujerarsa."

Wani lokaci Auta ce, in ta dawo da wuri. Takan leƙo ta saman kan karen tana ƙunshe dariya.

"Wa ake nema? Baba, ka zo da katin shaida kuwa?"

Ta karɓi ledar hannunsa, ta saƙalo hannunta cikin nasa, su taho a hankali saboda Kwamanda ba ya son baƙo mai sauri. Tsakar gidan na da ɗan tsawo, ga shi ba a tafiya shiru, sai ta tambaye shi ina ya je, wa ya gani, ta ba shi labarin wata tsohuwa da ke zuwa shagonsu kullum a auna mata jini alhali lafiyarta ƙalau. Manaja yakan sha mur duk tsawon hanyar, yana mita cewa an mai da shi kamar mara lafiyar da aka sallamo daga asibiti. Abin na ci masa rai ƙwarai. Mutum da gidansa, shi ya gina, sunansa ne a jikin takarda, amma ba ya shiga sai da mai tsaya masa.

Duk da haka, a waje ba ya da zance sai na Kwamanda. Ya cika tsofaffin abokan aikinsa da labari, har suka ce sai sun zo sun gani da idonsu. Ya sa rana. Da hantsin ranar Malama ta ce za ta je ta sayo 'ya'yan itace ta dawo, Auta kuma tana shago. Baƙin suka iso kafin lokaci, kamar yadda 'yan fansho suka saba. Manaja ya ji ƙarar motoci, ya leƙa ya ga tsohon akantan kamfanin na neman ajiye tasa a karkace. Mutumin da ya shekara da shekaru yana tsara manyan motoci ba zai iya ganin wannan ya kau da kai ba. Ya fita titi yana kaɗa hannu.

"Baya, baya! Karya kan! Haba, sai ka ce yau ka fara tuƙi."

Sai da motocin suka jeru yadda yake so, aka gaggaisa, ya juyo da fara'a zai shigar da baƙinsa. Kwamanda na tsaye a ƙofa.

"Tabarkalla," in ji akanta. "Wannan ai sai a ɗaura masa sirdi. To, ce masa ya ba mu hanya."

"Yanzu kuwa," in ji Manaja. Ya gyara tsayuwa. "Kwamanda, koma ciki."

Janareton nan na ƙirjin karen ya tashi. Baƙin suka ja da baya, Manaja ya riga su.

"Horo ne," ya ce. "Yana tantance ku."

"Mu yake tantancewa? Ni dai kai na ga yana kallo."

Rana ta take. Manaja ya kira wayar Malama, suka ji tana ringi a can cikin falo. Dattawa masu hawan jini suka rakuɓe a 'yar inuwar katanga suna fifita da hula. Maƙwabcin nan mai ƙaramin kare ya fito ya tsaya a ƙofarsa yana sakace, ya ce ko za su shigo wajensa su sha ruwa kafin a ba su izini. Manaja ya yi kamar bai ji ba.

Ana haka sai ga mai famfo a kan babur, da ƙullin kayan aiki a baya, zai wuce wani gida. Ya ga taro ya tsaya.

"Lafiya, yallaɓai?"

Kafin Manaja ya amsa, Kwamanda ya fara kaɗa jela har ƙofar na kaɗawa. Mai famfo ya sauka, karen ya tura ƙaton kansa a cikinsa yana wani kuka-kuka kamar jariri.

"Yaron kirki, yaron kirki. Au, shiga za ku yi? Ai da an kira ni tun ɗazu. Kawo hannunka, yallaɓai."

Haka mai famfo, da hannunsa mai baƙin mai, ya kama farar rigar Manaja ya ratsa da shi tsakar gidansa, yana ce wa karen, "Bar shi, tare muke, na san shi." Ya zaunar da shi a baranda, ya koma ya ɗauko sauran ɗaya bayan ɗaya. Akanta dariya ta hana shi tafiya, sai da ya dafa bango yana share hawaye.

"Manaja, ashe haya kake a gidan mai famfo ba ka faɗa mana ba!"

Manaja ya ji kamar ƙasa ta tsage ya shige. Baƙin na tafiya ya kira mai karnukan, ya ce an kawo masa kaya mai matsala.

"Karen lafiyarsa ƙalau, yallaɓai. Aikinsa yake yi."

"To zo ka sake yin layin nan. Ni kaɗai, ba sai kowa ya gani ba."

"Wannan ta wuce. Yanzu ba ni ne ubangidansa ba, Malama ce. Hanya ɗaya ta rage. Kai za ka riƙa ba shi abinci da hannunka, ka goge masa baki, ka fita da shi yawo, ka kwashe kashinsa. Kullum, ba fashi, har ya yarda da kai."

"In na wakilta wani fa, da sunana?"

"To wakilin zai zama ɗan gida, yallaɓai."

A yi wa Manaja adalci, ya gwada. Washegari da safe ya fito cikin rigar ruwa, da safar hannu ta wankin mota, da takalman roba. Sai da aka nuna masa inda tukunyar take, domin bai san ɗakin girkin na da lungu ba. Ya ɗauko kwanon yana riƙe da shi nesa da jiki, ya dire a tsakiyar fili, ya ja da baya, ya ce, "An ba ka izini." Kwamanda ya dubi kwanon, ya dubi Manaja, sannan ya juya ya dubi Malama. Sai da ta gyaɗa kai ya sa baki. Da ya gama, Auta ta miƙa wa ubanta tawul. Manaja ya matso, ya sunkuya, daidai lokacin da karen ya ga dama ya girgiza kai. Leɓunan nan suka yi fal-fal, yawu ya tashi sama, wani dogon zare ya sauka a kan tabaran Manaja ya rataye har haɓarsa. Daga kan katanga aka ji wani ya shaƙe da dariya, ƙaramin kare ya ɗauki haushi.

Ya cire safar hannun ya yar a wurin. Da yamma ya kira taro a falo. Malama na zaune tana ɗinke wani tawul da Kwamanda ya yaga, Auta ta tsaya a bakin ƙofa.

"Na yi haƙuri iya haƙuri," ya ce. "Gidan nan ba zai ɗauki shugabanni biyu ba. Ko ni, ko karen nan."

Ya zaci za a rikice, a hau ba shi baki. Malama ta ci gaba da ɗinkinta. Ta ja zare, ta ƙulla, ta sa haƙori ta yanke. Ko ɗaga kai ba ta yi ba.

"Magana nake yi, Malama. Me kike tunani?"

"Ina tunanin wanda mai karnukan zai yarda ya karɓa ne a cikinku."

Auta ta toshe baki ta juya baya. Malama kuwa ba ta yi dariya ba. Ta ninke tawul ɗin ta ajiye a cinyarta, ta dube shi.

"Gidanka ne, Manaja. Ba wanda ya ce ba naka ba ne. In ka ce a mayar da shi, a mayar."

"Baba, don Allah," in ji Auta. "Sati nawa ne? In ka daure zai saba da kai. Ni zan riƙa tsayawa kusa da kai."

Manaja ya ɗaga tafin hannu. Taro ya tashi.

Mai karnukan ya zo da hantsi. Ya ce akwai wani mai gona da ke neman irinsa, zai samu fili. Malama ta haɗa kwanon da tawul-tawul da burushi a cikin buhu, ta tsare mutumin a gefen mota tana yi masa bayani kamar mai kai yaro makarantar kwana. Ba ya son abinci da zafi. Kunnen hagu ke damunsa. In ana tsawa a bar shi ya shigo ciki, tsoro yake ji, kada a duba girman jikinsa. Auta ta durƙusa ta rungume wuyansa tana kuka a fili, shi kuma yana ta lasar kunnenta. Manaja na baranda yana cewa a buɗe get ɗin duka, a kula da fentin mota, ba wanda ya waiwaye shi. Kwamanda ya hau bayan motar da ƙyar, ya juyo yana kallon matan biyu har aka karya kwana.

Manaja ya yi ajiyar zuciya. Ya zagaya tsakar gidan shi kaɗai, hannuwa a baya, ya shiga banɗaki ya fito ba kowa a bakin ƙofa. Daɗi ya kama shi. Da rana ta yi sanyi ya sa sababbin kaya ya fita, ba don yana da wurin zuwa ba, sai don ya ɗanɗani dawowa gidansa a matsayin mai gida. Ya taka har bakin babban titi, ya sayi ayaba don kada a ce ya fita a banza, ya juyo.

Ya sa mukulli, ya tura ƙofar, ta buɗe har bango. Ya shiga. Ba wanda ya tare shi. Ya ratsa tsakar gidan da ledarsa, sai ya ga ashe filin na da tsawo haka, ba abin da yake ji sai ƙarar takalminsa. A falo Malama na zaune ta ba ƙofa baya, rediyo na yi ƙasa-ƙasa.

"Na dawo," ya ce.

"Sannu. Abincinka na kan tebur," ta ce, ba ta juyo ba.

Ƙofar ɗakin Auta a rufe take. Ya tsaya da ledar ayaba a hannu bai san wa zai miƙa wa ba. Ba fushi ake yi da shi ba, da fushi ne da ya san yadda zai yi da shi. Haka gidan yake tun asali. Shekarun da ya yi yana aiki, in ya dawo hon yake yi, maigadi ya buɗe, yara su shige ɗaki, abinci na kan tebur. Tun da ya gina gidan nan ba a taɓa fitowa get an tarye shi ba, ba a taɓa riƙe hannunsa an tambaye shi ina ya je ba, sai a 'yan watannin nan da kare ya hana shi shiga. Wani irin kaɗaici ya kama shi, ga kunya, domin shi da kansa ya kira taron da ya kori abin.

Ya juya a hankali, kamar wanda ya manta wani abu a waje. Ya sake ratsa tsakar gidan, ya fita titi, ya janyo ƙofar. Ya jefa mukullin a aljihu. Ya gyara zaman hularsa, ya mayar da ledar hannun hagu, ya ɗan buɗa damtsen dama yadda za a ji daɗin kamawa. Sannan ya ƙwanƙwasa, ya yi gyaran murya, ya jira.

Maƙwabcinsa na zaune a ƙofar gida yana kallonsa. Manaja ya sake ƙwanƙwasawa, da ɗan ƙarfi.

Can ciki aka buɗe taga, muryar Auta ta fito, a dushe saboda kuka.

"A buɗe take, Baba. Turo kawai."

Aka mayar da tagar aka rufe.